Baba Mai Wuta Ya Kai Falwaya Kotu

Duk wanda ya kama haya a layinmu na Narayi, kafin ya san inda ake zubar da shara sai ya san labarin falwayar Baba Matthew Didam. Ba sai ya tambaya ba. Yana sauke katifa daga keke Baba zai ja shi falo, ya zaunar da shi, ya ɗaga labulen taga, ya nuna masa falwayar wutar lantarkin da ke tsaye a kusurwar filinsa, ya ce, "Ka ga wannan? Ni na kawo ta."

Labarin kuwa girma yake yi kamar kabewa a juji. Waɗanda suka riga mu zuwa sun ce da farko nuna wa ma'aikatan kamfanin wuta inda za su haƙa kawai ya yi. Da tafiya ta yi tafiya, shi ya karɓi diga ya haƙa ramin. Zuwa lokacin da irinmu muka tare, shi ya sauke falwayar daga mota a kafaɗa, ya hau ta ba tsani, ya ɗaura waya da hannunsa, injiniya yana ƙasa yana riƙe masa da hula. Mu kuma, Allah ya yafe mana, gyaɗa kai muke yi. Mutanen da ke ihu kamar an ci ƙwallo duk sanda aka kawo wuta ai ba za su yi musu da wanda ya ce shi ya kawo ta ba. Har suna muka laƙa masa, Baba Mai Wuta, kuma ko a coci da shi ake kiransa.

Mutum ɗaya ce ba ta gyaɗa kai, ita ce matarsa Deborah, Maman Vicky. Ta san ranar da aka kafa falwayar nan Matthew ko a Kaduna ba ya nan. Maƙwabtan wancan zamani kuwa wasu sun mutu, wasu sun tashi, sai ita kaɗai ta rage da gaskiyar a ciki. In ya fara labarin sai ta ɗauki tire ta fita.

Tun da masaƙar Kakuri ta rufe, teburin Deborah ne ke ciyar da gidan. A bakin get take kafa shi ƙarƙashin wata tsohuwar lema, da burodi da sukari da sabulu da garin kwaki. Rana ta gasa ta, ruwa ya jiƙa mata sukari, iska ta ɗauke lemar ta bi ta da gudu har bakin kwalbati. Burinta ɗaya ne a duniya, shago mai rufi da ƙofa. Ta yi adashi da 'yan zumuntar mata, ta sayi bulo, ta jibge shi a kusurwar filin, ta kira Ben magini. Ben ya ja igiyar awo nan, ya ja can, ya sosa ƙeya.

"Mama, ba zai yiwu ba. Falwayar nan a daidai ƙofar shagon take. Wayar da ta ɗaure ta da ƙasa kuma ta ratsa inda za ki sa kanta. Sai dai kwastoma ya riƙa tsallake waya yana sayen magi."

Ta je ofishin kamfanin wuta, aka ce ta dawo. Ta dawo, aka ce wanda ya ce ta dawo ya tafi hutu. Sai 'yarsu Vicky ta turo musu Tony, wani matashin lauya abokin mijinta daga Barnawa. Shi kaɗai ne a tarihi ya shiga falon nan ya fita bai ji labarin falwaya ba, don Deborah ta tsaya a kan Baba da ludayi a hannu. Tony ya duba takardun filin, ya taka kusurwar, ya ce, "Baba, kes ɗin nan ba wuya. Falwayar a cikin filinka take. In ba su nemi izininka ba ranar da suka kafa ta, kotu za ta iya sa su mayar da ita bakin hanya. Mama ta ce ba ka gari a ranar. To, abin da za ka faɗa ke nan, ba ka nan."

Tony ya shigar da ƙara. Yana gama shigarwa Baba ya sallame shi, ya ce sauran aikin na manya ne.

"Baban Vicky, ka kori lauya?" in ji Deborah.

"Ke ba ki san dabara ba. Yaron nan surutu gare shi, zai watsa maganar a gari. Saurara ki ji. Kotu tana tsallaken kogi, layi yana nan. A can zan ce ba na nan, a nan kuma ina nan. Wa zai haɗa su? Kogin Kaduna guda ne a tsakani."

"Bakinka zai haɗa su."

"Ni? Ni da na wakilci ma'aikata a masaƙa, Bature in ya hango ni sai ya sake hanya?"

"Gadin ƙofa ka yi."

"Ai duk wanda zai shiga sai ta wajena! Ki sa ido kawai, kafin ruwan farko kina cikin shagonki."

Washegari ya tafi Kasuwar Barci ya sayo baƙar kwat ta gwanjo. Hannunta ya zarce yatsunsa, kafaɗunta kuma sun isa mutum biyu, amma ya ce haka manyan lauyoyi ke sa ta. Ya yi wa kansa alkawari ko kaza ba za ta ji ranar shari'a a layin ba. Da wannan alkawarin, sanye da kwat ɗin, ya shiga shagon Harrison mai aski a rage masa gemu.

"Kai, Baba! Biki za a je ne?"

"Sirri ne, yaro."

"To shi ke nan."

Baba ya jira a sake tambayarsa, Harrison ya ci gaba da aski. Da ya ga ba za a tambaya ba, sai ya fara da kansa.

"Amma dai ranar Talata kamfanin wuta zai san waye Matthew Didam. Aron wuri na ba su, yanzu na ce su matsa, suna yi mini taurin kai. A gaban alƙali za mu haɗu. Kada ka faɗa wa kowa."

Harrison bai faɗa wa kowa ba sai mutanen da suka zo aski, da waɗanda suka zo cajin waya, da Eunice mai sayar da ƙanƙara, wadda ita ma ba ta faɗa wa kowa ba sai zumuntar mata. Ranar Talata da safe Baba ya sulale ta ƙofar baya, ya zagaya ta lungu don kada a gan shi. Yana ɓullowa bakin titi ya tarar da bas cike da mu, an yi shata, an bar masa kujerar gaba. Muka sa tafi. Deborah tana kujerar baya ta dube shi ta taga.

A kotu lauyar kamfanin wata 'yar siririya ce mai gilashi, Barista Abigail. Baba ya raɗa wa Harrison cewa a numfashi ɗaya zai gama da ita. Aka rantsar da shi. Ta miƙe ta gaishe shi da ladabi, ta ce, "Baba, tambaya ɗaya ce. Ranar da aka kafa falwayar nan, kana ina?"

Ga amsar a kan harshensa, ga shagon Deborah a bayan amsar. Ya buɗe baki, sai tsautsayi ya sa ya waiwaya. Benci uku cike da 'yan layi, kowa ya washe haƙora yana jiran ya ji yadda aka hau falwaya ba tsani.

"Ina... ina cikin ƙasar nan."

"Wace ƙasa, Baba?"

"Najeriya mana."

Mai shari'a, wani dattijo mai magana a hankali, ya sauke gilashinsa ya ce, "Mai ƙara, mu ma duk muna ciki. A ina a cikinta?"

Gumi ya tsatso wa Baba a ƙarƙashin kwat. Nan take ya sake hanya.

"Ya mai shari'a, maganar inda nake ba ita ce magana ba. Maganar ita ce falwayar nan haɗari ce! Ta karkace, gobe ko jibi za ta faɗo wa gidana. Wayarta kuma jan mutane take. Akuya ta bi ta wajen, sai da ta manta hanyar gidansu."

Barista Abigail ta ce a iya saninsu falwayar a miƙe take. Baba ya ce saninsu a ofis ya tsaya. Mai shari'a ya yi rubutu, ya ce tunda haka ne ba sai an ja ba, kotu da kanta za ta je Narayi ta gani da idonta, ta kuma saurari sauran shaidu a can. Muka fashe da murna har sai da aka tsawata mana, wai Baba ya taso da kotu sukutum zuwa layinmu. Shi kuwa a bas ɗin dawowa taga ya ƙura wa ido. Da muka hau gada ya leƙa kogin da ya dogara da shi, ya ga ashe ruwan ma ya ja baya.

Matsalar farko ita ce falwayar a miƙe take kamar sojan fareti. Baba ya zagaya ta, ya tura ta da kafaɗa, kafaɗar ce ta karkace. Sai ya jira ranar da Deborah ta tafi sarin kaya, ya kira wani mai keke mai ƙafa uku, ya ɗaura igiyar rijiya a wuyan falwayar, ɗaya bakin a bayan keken.

"Ja kaɗan kawai, ta ɗan sunkuya. Ba kayar da ita za mu yi ba."

"Baba, keke ne fa, ba tirela ba."

"Ni na san nauyinta, na taɓa ɗaukarta. Ba wuta!"

Mai keke ya ba da wuta. Keken ya yi kuka, ya yi hayaƙi, ƙafar gaba ta ɗaga sama kamar doki. Falwaya ko gezau. Baba yana "Ƙara! Ƙara!" sai igiya ta tsinke, keken ya yi tsalle ya afka cikin bulon Deborah. Da ƙura ta lafa, layin sama na bulon duk ya koma yashi, mai keke yana zaune a kan sauran yana kiran sunan uwarsa. Muka fito da gudu.

"Baba, lafiya? Me ya faru?"

Ya kaɗe ƙura daga wando ya ce, "Gwaji nake yi. Kun dai gani da idonku, abin da na kafa ko inji bai iya motsa shi."

Muka ce lallai aikin da ya fi na yanzu.

Deborah ta dawo ta tsaya a kan ɓaraguzan ta daɗe. Ta tsuguna ta ɗauki rabin bulo ta juya shi a hannu, kuma duk wanda ya ga fuskarta a lokacin dariyarsa ta koma ciki. Da suka shiga gida ta ce, "Baban Vicky, ban taɓa kunyata ka a gaban mutane ba. Abu ɗaya nake roƙo. In alƙali ya zo, ka ce ba ka nan."

"Ba sai an kai ga haka ba. Ina da wata dabarar."

"Ita nake tsoro."

Ranar da kotu za ta zo, layinmu ya yi shara irin wadda ko Kirsimeti ba ya gani. Zumuntar mata suka fito da anko. Aka kafa wa mai shari'a kujera a inuwar mangwaro, akawunsa a gefe, Barista Abigail da injiniyan kamfani suna tsaye. Mai shari'a ya dubi falwayar daga sama har ƙasa, ya karkata kansa hagu, ya karkata dama, ya ce shi dai bai ga inda ta karkace ba.

"Daga ciki ta karkace, ya mai shari'a," in ji Baba. "Amma bari ka ga babban haɗarin."

Ya naɗe hannun kwat, ya yi addu'a a bayyane, ya matsa ya taɓa wayar da ta ɗaure falwayar da ƙasa. Ya kurma ihu. Ya yi rawar jiki tun daga gwiwa har haɓa, ya juya ido, ya zube a kan yashin bulo yana shure-shure. Kwana biyu yana gwada wannan faɗuwar a kan katifa, kuma gaskiya ta yi kyau. Mata suka sa salati da kiran Yesu a haɗe. Sai muryar Eunice ta ratso ta cikin hayaniyar.

"Yesu na gode! An kawo wuta ke nan? Tun shekaranjiya ƙanƙarata ta zama ruwa!"

Kowa ya ɗaga kai ya dubi ƙwan fitilar shagon Harrison, wanda kullum a kunne yake don ya ba mu labari. A mace yake. Injiniyan kamfani ya yi gyaran murya ya ce, cikin jin kunya, rabon layin nan da wuta tun shekaranjiya, ana gyara. Wannan ne karo na farko da rashin wuta ya yi wa kamfanin rana.

Baba ya buɗe ido ɗaya. "Ta kwana ce," ya ce daga ƙasa. "Ragowar ta shekaranjiya ce ta maƙale a wayar."

Mai shari'a ya ce a taimaka wa mai ƙara ya tashi, ya kira shaidunsa.

Harrison ya fito. Baba ya riga ya koya masa ya tsaya a kan maganar akuya, ya kuma tsaya. Sai Barista Abigail ta tambaye shi a hankali ko ya san wanda ya zaɓi wurin da aka kafa falwayar.

"Haba, Madam, wa bai sani ba? Baba ne! Shi ya ja injiniya da hannu ya ce nan za a haƙa."

Baba ya yi masa alama da ido ya yi shiru. Harrison ya ɗauka cewa ake ya rage wani abu.

"Sori, Baba. Shi ma ya haƙa ramin."

Eunice ba ta jira an kira ta ba. "Ka manta kafaɗa! A kafaɗa ya sauke ta!"

"Ba tsani ya hau!" wani ya ƙara daga baya. Mu duka muka ɗauka, kowa yana jefa nasa, don mun ga kamar ana neman tauye wa dattijonmu haƙƙi a gaban baƙi. Barista Abigail ko tambaya ta daina yi, rubutu kawai take tana murmushi. Baba ya tsaya tsuru-tsuru a cikin kwat, rabin fuskarsa na jin daɗi, rabi na neman kuka.

Mai shari'a ya ce, "Mai ƙara, shaidunka sun ce da hannunka ka kafa abin da kake ƙara a kai. Kana da wani shaidan kafin in rufe?"

"Akwai, ya mai shari'a."

Deborah ce. Ta ratso mutane riƙe da hannun wani tsoho mai farin gemu da sanda. Babu wanda ya san shi a cikinmu, amma Baba yana ganinsa ya gane shi, ya ja da baya. Malam Shehu mai walda ne, wanda gidansa ke jikin nasu a da, kafin shekarun da gari ya rikice kowa ya koma wajen nasa, shi ya koma Makera. Deborah ta yi yini guda tana bin garejin walda kafin ta same shi. Tsohon ya rungume Baba har da ƙwalla.

"Matthew! Ashe za mu sake ganawa? Maman Vicky ta ce magana ɗaya zan faɗa a sama mata shago. Na ce ko a kan gadon asibiti nake sai na zo. Matar da ta yi jinyar uwar 'ya'yana?"

Mai shari'a ya tambayi Baba ko shaidansa ne. Baba ya dubi Deborah, ya gyaɗa kai kamar wanda wuyansa ya sage.

"Ranar ina nan, ranka ya daɗe," in ji Malam Shehu. "Da hantsi wata babbar mota ta shigo da mutane masu hular kwano. Matthew yana wanka a bayan gida, ya leƙo ya gan su, ya zaci 'yan rusau ne, don lokacin takardun filinsa ba su fito ba. Wallahi ban taɓa ganin mutum ya haura katanga da sauri haka ba. Zanin matarsa ne a ƙugunsa, da kumfa a kunne. Ta cikin gidana ya dira, ya taka mini kwanon tuwo, ya ranta a na kare. Ma'aikatan suka yi ta sallama, ba maigida. Ita kuma tana jego a ɗaka, ba wanda ya tambaye ta. Suka haƙa inda suka ga dama suka tafi. Sai da aka kwana biyu ya dawo daga Zonkwa da ƙullin citta, wai gaisuwa ya je."

Murmushin Barista Abigail ya ɗauke. Ta juya tana raɗa da injiniya. Mai shari'a ya ajiye biro ya ce, "To, wannan ta sauya magana. In haka ne, ba a nemi izinin kowa ba. Mai ƙara, kana ƙarƙashin rantsuwa. Abin da shaidanka ya faɗa, haka aka yi?"

Deborah ta haɗa hannuwa a ƙirji, leɓenta na motsi. Baba ya dube ta, ya dubi tsohuwar lemar da aka jingine a jikin get, duk ta sha faci, ya dubi ragowar bulon. Tausayinta ya kama shi da gaske, don ba mugu ba ne, kuma ya san me matar nan ta sha a rana. Ya ja numfashi zai ce haka ne. Sai wata 'yar dariya ta kufce wa wani a baya. Harrison kuma, da muryar yaron da aka ce masa babansa ɓarawo ne, ya ce, "Baba... da zani?"

"Objekshan! Ban yarda ba!" in ji Baba.

Mai shari'a ya ce, "Shaidanka ne fa."

"Ko ubana ne! Tsufa ya kama Shehu, ya mai shari'a. Ina nan! Ni na tare motar a bakin titi. Injiniya ya ce a kafa ta can, na ce a'a, nan, a cikin filina, don duk wanda ya wuce ya san gidan da haske ya fara sauka!"

Daga nan ya ɗauko labarin tun daga tushe. Ba mu taɓa jin sa da daɗi irin na ranar ba. Ya haƙa ramin da hannun kwat yana lilo, ya sunkuya ya ɗauki falwayar a kafaɗa, ya rungume ta ya nuna yadda ya hau, har ya ƙara da wata guguwa da ba mu taɓa ji ba. Malam Shehu ya riƙe baki. Deborah ta sauke hannuwanta.

"Wato da izininka aka kafa ta?" in ji mai shari'a.

"Izini? Da umarnina!"

"An rubuta?" Akawu ya ce an rubuta. Mai shari'a ya ce tunda mai ƙara ya ƙaryata shaidansa da bakinsa, kotu ba ta da abin da za ta ƙara. Ya kori ƙarar, falwaya ta zauna inda mai ita ya umarta.

Ko rufe baki bai yi ba ƙwan shagon Harrison ya kama. "An kawo wuta!" Ina jin kunyar faɗa, amma haka muka watse kamar an jefa dutse cikin kaji, mai guga ya yi guga, mai caji ya yi caji, Eunice har da yar da ɗankwali. Baba da ke jingine da falwayar ya daka tsalle gefe, wannan karon ba gwaji. Kafin motar kotu ta juya, ba kowa a wurin sai shi da matarsa da Malam Shehu yana neman mai keken da zai mayar da shi Makera.

"Maman Vicky," in ji Baba a hankali, "kin ga, a fannin shari'a akwai abin da ake kira ɗaukaka ƙara..."

"Tun Vicky tana zanin goyo nake riƙe maka katangar nan a cikina," ta ce. "Yau sau ɗaya na roƙa ka riƙe mini wani abu." Ta ɗauki lemarta ta shige.

Da safe Ben magini ya zo da guduma. Baba ya zaci ragowar bulon za a kwashe, sai ya ji duka a bangon falo. Kafin azahar tagar da yake ɗaga labulenta ta zama ƙofar shago, ragowar bulon ya zama kanta, buhun garin kwaki ya zauna inda kujerarsa take. Kujerar kuwa Deborah da kanta ta fitar da ita, ta ajiye a gindin falwaya, ta ɗaure tsohuwar lemar a jikin wayar.

"Ga ofishinka," ta ce. "Kusa da aikin hannunka."

Can yake zama har yau, rana ta gasa shi, iska ta ɗauke lema ya bi ta har kwalbati. Kwanan baya wani sabon ɗan haya ya sauke katifa, Baba ya yafito shi, muna zaune a wajen Harrison muna ji.

"Ka ga wannan? Ni na kawo ta. Har kotu aka je a kanta, alƙali ya taso takanas ya zo nan, ya ce ba mai taɓa ta. Tambayi kowa."

Yaron ya dube mu. Mu kuma, da yake ba mu da zuciya, muka gyaɗa kai.

Daga cikin shago Deborah ta ɗago daga awon sukari ta ce, "Ka faɗa masa tsayin katangar baya."

Baba ya gyara lema, ya sauke murya.

"Ita ma ni na gina ta, yaro. Da gangan na yi ta gajera."